Amsoshin Wasiƙunku: Tsofaffin Hotunan Majigi Da Ke Yawo A Waya, A Gaskata Su?

  

Wasiƙarmu ta yau ta fito ne daga Ka'oje, cikin Ƙaramar Hukumar Bagudo ta Jihar Kebbi, can kusa da iyakarmu da Jamhuriyar Binin. Mai wasiƙar dattijo ne, manomi, mai kai hatsi kasuwannin bakin iyaka. Jikansa ne ya rubuta masa, ya kuma roƙi mu sakaya sunansa. Ga abin da yake cewa:

"Bayan gaisuwa mai yawa. Jikana ya gwada mani wani hoto mai motsi ga wayarshi, na hawan dawakin da anka yi ma Sarauniyar Ingila a Kaduna. Mahaifina, Allah Shi jiƙan shi, ya sha ba mu labarin yana cikin mahayan da sunka tafi daga ƙasar Gwandu. Na hangi wani bisa farin doki, raina ya ba ni shi ne, amma kamin in duba da kyau hoton ya wuce. Tun ran nan muke gardama da yara. Wasu sun ce hotunan ga sun nuna zamanin da babu talauci, kowa da dokinshi da babbar riga. Wani kuwa ya ce duk ƙaryar Nasara ce. Ni dai na san mun biya haraji, Fulaninmu sun biya jangali, kuma ban ga wannan cikin hoton ba. Wa ya ɗauki hotunan ga? Don mi? A gaskata su ko kada a gaskata?"

To madalla. Baba, mun gode da wannan wasiƙa, Allah Ya ƙara lafiya da nisan kwana, mahaifinka kuma Allah Ya kai haske kabarinsa. Tambayarka uku ce, za mu bi su ɗaya bayan ɗaya. Amma tun da fari bari mu gaya maka inda za mu sauka. Hotunan nan shaida ce ta gaske, sai dai shaidar wanda ya tsaya a gefe guda ya leƙa. Don haka yaran nan duka biyu kowa ya kama wani abu, kowa kuma ya saki wani abu.

Mu fara da wanda ya ɗauka. Da aka shiga Yaƙin Duniya na Biyu a 1939, gwamnatin Ingila ta kafa wani sashe na musamman a Landan domin shirya finafinan da za a riƙa nuna wa mutanen ƙasashen da take mulka. Wanda aka ɗora a kan aikin wani Bature ne mai suna William Sellers, tsohon jami'in tsabta a Ikko, wanda tun kafin yaƙi yake amfani da fim wajen gargaɗin mutane game da annobar da ɓeraye ke yaɗawa. A lokacin yaƙi aikin sashen shi ne nuna ƙarfin Ingila da neman goyon baya. Da yaƙi ya ƙare a 1945, sai aka juya akala zuwa ga noma, kiwon lafiya, yaƙi da jahilci, da kuma nuna bukukuwa da manyan ƙasa. A 1948 aka buɗe makarantar koyar da ɗaukar fim a Akara ta ƙasar Gana, wadda a lokacin ake kira Gwalkos, aka tura 'yan Nijeriya suka koyo. A 1949 Nijeriya ta sami nata sashen. Bayan da aka ba jihohi uku ƙarfi a 1954, gwamnatin Jihar Arewa a Kaduna ita ma ta riƙe nata masu ɗaukar fim a ƙarƙashin Ma'aikatar Watsa Labarai. Ban da waɗannan, akwai kamfanonin labarai na Ingila, irin su British Pathé, masu aiko da ma'aikatansu duk lokacin da wani babban abu zai faru, domin su nuna a gidajen silima na can.

Waɗannan su ne suka ɗauki hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a watan Fabrairun 1956, inda lardunan Arewa suka aiko da mahayansu. Su ne suka ɗauki bikin samun mulkin kai na Jihar Arewa a 1959, da na 'yancin Nijeriya ran 1 ga Oktoba, 1960. Ta hannunsu muke ganin tafiyar Sardauna Ahmadu Bello da yadda yake naɗa rawani, muke ganin Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, da dalar gyaɗa a Kano. Ziyarar da Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa ya kai Amurka a Yulin 1961, inda Shugaba Kennedy ya tarbe shi, ita ma an ɗauke ta, kuma tana cikin waɗanda suka fi yawo a wayoyin yara.

Baba, kai da tsararrakinka ba sai an gaya muku yadda waɗannan hotuna suke isowa ƙauye ba. Amma saboda yara, bari mu faɗa. Majigi ke nan. Kalmar ta samo asali ne daga sunan wata tsohuwar fitilar nuna hotuna ta Turawa da suke kira majik lantan, watau fitilar dabo. Mota ce takan zo da injin wuta da na'urar haska hoto da lasifika. A sanar da hakimi, hakimi ya sa mai shela ya zaga gari. Bayan sallar lisha a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko a filin makarantar firamare, maza gefe, mata gefe, yara a gaba sun baje a ƙasa. Ba a biyan ko anini. Kuma akwai wani mutum mai muhimmanci da mutane kan manta da shi, shi ne mai sharhi. Yana riƙe da abin magana, yana gaya wa jama'a da Hausa abin da suke gani: ga wane, ga abin da yake yi, ga darasin da za a ɗauka. Ido na kallon hoto, amma kunne na karɓar fassarar ma'aikacin gwamnati.

Wannan ya kawo mu ga tambaya ta biyu, watau don me aka ɗauka. Masu iya magana sun ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Mai riƙe da kyamara albashin gwamnati yake ci, zaren fim ɗin da kuɗin gwamnati aka sayo shi, kuma yana da tsada ainun. Zare mai tsawon ƙafa 100, irin na ƙaramar kyamara, bai cika minti 3 yana aiki ba. Kyamarar da ake ɗaure wa zare da hannu kamar agogo takan tsaya kafin rabin minti, sai an sake murɗa ta. A shekarun farko ma sai an aika da zaren Landan a wanke, a yanka, a haɗa, sannan a ɗora masa murya da kiɗa. To mutumin da aka ƙidaya masa zare kamar yadda ake auna wa magidanci tsaba a shekarar fari, ina zai nufa da kyamararsa? Wajen Gwamna da Firimiya da sarki da doki mai ado. Ba zai ɓata zarensa a kan mai karɓar haraji da ya tsare magidanci a rana ba, kuma ko ya ɗauka, mai yankawa zai zubar.

Ga misali da ya shafe ku manoma. Kowa ya ga hoton dalar gyaɗa ta Kano sai ya ce kai, arziki. Gaskiya ne an noma gyaɗar, gaskiya ne an jera buhunan. Amma akwai abu biyu da hoton bai faɗa ba. Na ɗaya, wani dalilin taruwar buhunan shi ne jirgin ƙasa ya kasa kwashe su zuwa Ikko a kan lokaci. Na biyu, tun daga 1949 hukumomin ciniki na gwamnati ne ke yanka farashin gyaɗa da auduga, kuma sau da yawa abin da suke biyan manomi bai kai abin da suke sayarwa a kasuwar duniya ba, rarar tana shiga asusun hukuma. Wani ɓangaren wannan rara an yi ayyukan raya ƙasa da shi, wannan haka yake. Amma gumin wa? Ba za ka ga fuskar manomin da ya dawo daga fuloti yana ƙidayar sulallansa yana girgiza kai ba. Haka nan jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano a 1950, Malam Aminu Kano ya jagorance ta, ba a majigin gwamnati za ka je neman tarurrukanta ba. Motar ta gwamnati ce, gwamnatin kuwa ta NPC ce.

Wani abin kuma, ba duk abin da aka kira fim na labarin gaskiya ne aka ɗauka yadda ya faru ba. Da yawa shirya su aka yi. Akwai wani salo da Turawan suke so ƙwarai, na mutum biyu, mai wayo da wawa. Mai wayo ya bi shawarar malamin gona ya yi arziki, wawa ya ƙi ya tsiyace. Dattawa za su tuna da Baban Larai, fim ɗin majigi na shekarun 1950 mai jan hankalin manoma ga noman auduga irin na zamani. Wasa ne aka tsara don koyarwa, an kuwa ji daɗinsa. Haka wani fim mai suna Daybreak in Udi, watau wayewar gari a Udi, da aka ɗauka a 1949 a ƙasar Inugu, a kan yadda mutanen wani ƙauye suka gina ɗakin haihuwa da aikin gayya. Wannan fim har lambar yabo ta Oska ya ci a Amurka a 1950, a sahun finafinan labarin gaskiya. Alhali kuwa rubuta shi aka yi, aka raba wa mutane rawar da za su taka, Di'on yankin ma ya fito a matsayin kansa.

To, ka ji wannan sai ka ce ashe yaron da ya ce ƙarya ce ya yi gaskiya. A'a, Baba, a yi hattara. Dokin nan da ka gani doki ne na gaske, wani ya ciyar da shi, wani ya yi masa lifidi. Mahayin nan ɗan wani ne, uban wani ne. Ɗinkin rigar, naɗin rawanin, yadda mai algaita ke kumbura kumatu, yadda ake jinjina, ginin ƙasa na bayan fage, duk babu Baturen da ya ƙaga su. Kyamara tana da wata ɗabi'a mai kyau, takan kwaso har abin da mai ita bai nufa ba. Shi yana kallon Gwamna, ita kuwa ta haɗa da mai tallan goro da ke wucewa, da yaron da ba shi da takalmi, da irin kwaryar da mace ta ɗauko. Saboda haka idan za ka kalli irin waɗannan hotuna, kada idonka ya tsaya a tsakiya inda babban mutum yake. Duba gefe, duba baya. A nan talaka yake.

A daidai nan bari mu shigo da wata gajeriyar wasiƙa da ta zo mana daga wata Hajiya mai sayar da busasshen kifi a yankin Illo, don tambayarta 'yar uwar taka ce. Tana cewa, "Kullum Kaduna, kullum Kano, kullum sarakuna. Mu mutanen bakin ruwa ba mu da al'ada ne?" Hajiya, kuna da ita, har da ta sayarwa. Abin da ya faru shi ne kyamarar gwamnati takan bi titin mota da hanyar jirgin ƙasa da tawagar manya, garuruwan bakin iyaka kuwa sun yi nisa da waɗannan. Amma akwai wani labari daga maƙwabtanku na sama da ruwa wanda zai yi muku daɗi, kuma a cikinsa ne maganin gardamar gidan Baba yake.

Wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya zo Yamai a 1941 a matsayin injiniyan hanya. Bayan yaƙi, a 1946 zuwa 1947, shi da abokansa biyu suka bi Kogin Kwara a kwalekwale tun daga mafarinsa a ƙasar Gini har inda ya faɗa teku, tafiyar da ta haura kilomita 4,000. Kun ga ke nan ta ruwanku suka wuce, bayan sun baro Gaya suka shigo Nijeriya suka gangara Yawuri. Yana ɗauke da 'yar ƙaramar kyamara, kuma daga wannan tafiya ya kama sana'ar fim. A 1951 ya ɗauki Sarkawan yankin Ayoru, a arewa da Yamai, suna farautar dorina. Ya koma Faris ya haɗa fim ɗin, ya sa masa suna da Faransanci mai ma'anar yaƙi a kan babban kogi, ya ɗora masa kiɗan mafarauta don ya ƙara armashi.

Abin da ya bambanta shi da sauran shi ne, a 1954 ya ɗauko fim ɗin ya dawo da shi Ayoru, ya kafa farin ƙyalle ya nuna wa mutanen da ya ɗauka. Da farko suka yi ta mamakin na'urar. Da aka maimaita, suka fara gane kansu, suka gane waɗanda suka riga mu gidan gaskiya a tsakani, aka yi koke-koke. Da suka natsu sai suka fara gyara masa. Suka ce wannan kiɗa da ka sa bai dace ba. Ba a farautar dorina da kiɗa, don tana da kunne ko tana ƙarƙashin ruwa, kuma kiɗan ƙarfafa zuciya in ta ji ita zai ƙarfafa. Bature ya karɓi gyara, ya kuma ɗauki darasin ya riƙe har ƙarshen rayuwarsa. A wajen wannan kallo ne aka ba shi shawarar wasu finafinan, ciki har da wanda ya yi da abokinsa Damure Zika a kan samari uku 'yan cirani da suka tashi daga Nijar zuwa Kumasi da Akara neman kuɗi, inda su da kansu suka zauna suna kallon hoton suna ba da labarinsa da bakinsu. Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a watan Fabrairun 2004, aka binne shi a Yamai.

Kun ji fa. Mutumin da ya yi karatu a Faris, da kyamara a hannunsa, masunta ne suka nuna masa kuskurensa, don mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Hoton bai cika ba sai da aka mayar da shi gaban masu shi. Wannan shi ne amsar tambayarka ta uku, Baba. A gaskata hoton, amma a zaunar da shi gaban dattawan da suka ga zamanin, su cike abin da ya bari. Harajin da ka ce ba ka gani ba, kai ne za ka faɗe shi. Kai ne rabin shaidar da ya ɓace.

Sai dai akwai wata sabuwar matsala da ba ta zamanin majigi ba ce. A 2014 kamfanin British Pathé ya zuba finafinansa kimanin 85,000 a dandalin YouTube, kowa ya iya kallo kyauta. Wannan alheri ne. Amma daga nan yara ke yanko guntaye suna turawa a WhatsApp da Facebook, kowa ya rubuta abin da ya ga dama a ƙasa. Sai ka ga hoton Katsina an ce Sakkwato ne, na 1959 an ce na 1930 ne. Yanzu kuma kwamfuta tana iya shafa wa tsohon hoto launi, har ta sa wa mamaci maganar da bai taɓa yi ba. Mai sharhin majigi ko ba komai an san shi, an san wanda ya aiko shi. Mai rubutun waya kuwa babu wanda ya san shi. Don haka ga wasu ma'aunai da za ku riƙe, kamar yadda ba ku karɓar hatsi sai kun ga mudu.

Na farko, duba tuta. Tutar Nijeriya mai kore da fari da kore ta fara aiki ne ran 1 ga Oktoba, 1960. In ka gan ta tana kaɗawa a kan ofishin gwamnati, hoton bai riga wannan rana ba.

Na biyu, duba motoci. Nijeriya ta koma tuƙi ta hannun dama ne a watan Afrilun 1972. In motoci suna bin hagu, hoton ya girmi wannan lokaci. Haka kuɗi, naira da kwabo sun fito ne a Janairun 1973, kafin nan fam da sule ake kashewa. Ku na bakin iyaka kuma kun san maƙwabciyarku Dahomi ake ce mata har zuwa ƙarshen 1975, sannan ta koma Binin.

Na uku, duba sarkin da ke kan karaga. Sarkin Musulmi Abubakar na Uku ya yi sarauta daga 1938 zuwa 1988. Sarkin Gwandu Haruna Rashid daga 1954 zuwa 1995. Sarkin Katsina Usman Nagoggo daga 1944 zuwa 1981. Sarkin Kano Ado Bayero kuwa sai 1963 ya hau. To in aka nuna maka Ado Bayero a matsayin sarki aka ce hawan Sarauniya ne na 1956, ka san mai rubutun ya yi kuskure, don a wannan shekara Muhammadu Sanusi na Ɗaya ne Sarkin Kano. Sardauna da Tafawa Ɓalewa kuma an kashe su ne a juyin mulkin Janairun 1966, saboda haka duk hoton da ya haɗa su da abin da ya zo bayan nan, haɗi ne.

Na huɗu, nemi cikakken fim ɗin. Guntun rabin minti kamar a ba ka tsakiyar zance ne babu kai babu gindi. Musamman in magana ce aka yanko ta wani shugaba wadda za ta iya haddasa gaba tsakanin ƙabilu ko addinai, kada ka tura wa kowa sai ka ji abin da ya gabace ta da abin da ya biyo baya.

Saura batun mahaifinka, Baba, don mun san shi ne ya sa ka aiko da wasiƙa. Ka sa jikanka ya nemo cikakken hoton hawan, ba guntun da aka turo masa ba. Wayar tana iya tsayar da hoto cik a inda ake so, tana iya rage masa gudu. Ku zauna da sauran dattawan da suka san marigayin, ku duba kayan dokin, da naɗin rawanin, da waɗanda ke gefensa, don mahayan ƙasa ɗaya tare suke tafiya. In mutum biyu ko uku suka shaida shi, alhamdu lillahi, ka ga mahaifinka da ƙuruciyarsa. In kuma aka ga ba shi ba ne, ba ka yi hasara ba. Ka ga filin da ya taka, ka ga ƙurar da ya shaƙa, jikokinka kuma sun tabbata labarin da yake ba ku ba tatsuniya ba ce.

Kuma kada a yi jinkiri, don abu biyu ne ke ƙarewa a lokaci guda, dattawan da zaren fim ɗin. Zaren fim ba ya son zafi da laima. In ya daɗe a ɗaki mara sanyi sai ya fara warin tsami, ya lanƙwashe, ya manne, daga nan sai zubarwa. Ga misali. Adamu Halilu, ɗaya daga cikin 'yan Arewa na farko da suka ƙware a wannan sana'a, wanda ya yi wa gwamnati finafinan wayar da kai masu yawa, ya kuma yi fim a kan Kanta na Kabi, shi ne a 1976 ya mayar da littafin Shaihu Umar na Tafawa Ɓalewa ya zama fim da Hausa. Shekara da shekaru ana zaton wannan fim ya ɓace. Sai a 2016 aka gano gwangwanayensa cikin tarin tsofaffin finafinan Hukumar Finafinai ta Nijeriya, aka gyara shi da taimakon Jamusawa, aka nuna shi a bikin finafinai na birnin Balin a 2018. To in fim ɗin littafin Firayim Minista ya kusa salwanta, ina ga na ƙaramin gari? Akwai ma'ajiyar finafinai ta ƙasa a Jos, aikinta ke nan. Duk wanda ya gaji gwangwanin fim ko tsohon hoto daga mahaifinsa da ya yi aikin En'e ko Ma'aikatar Watsa Labarai, kada ya bar shi a rana, kada ya ba yara su yi wasa da shi. Ku tuna tsohuwar Busa da ƙauyukan Yawuri da ruwa ya cinye bayan an gama madatsar Kainji a 1968. Wanda ke da hotonsu a yau yana riƙe da abin da kuɗi ba ya saya.

Daga ƙarshe, maganarmu ga jikan da ya rubuta wannan wasiƙa, da sauran samarin Ka'oje da Bagudo da Illo da Lolo da Tsamiya. Abin da Bature ya sha wahalar ɗaukowa daga Landan a cikin akwatuna, yau yana cikin aljihunku, kuma babu mai ƙidaya muku zare. Ku nemi izinin kakanninku ku zaunar da su su ba da labari, ku ɗauka. A tambaye su nawa ne haraji a zamaninsu, yaya aka yi a farin 1973, wace hanya fatake suke bi zuwa Dahomi kafin a yi titi. Ku ɗauki ranar kasuwa, da saƙar taru, da tatsar nono, da sussukar gero, da masu jiran kwalekwale a mashaya. Ku nemi yardar mutum kafin ku ɗauke shi, balle matan aure. Kowane hoto a faɗi sunan gari da shekara da sunan mai magana a farkonsa, don kada wani ya zo gobe ya laƙa masa ƙarya. Kuma a ajiye a wuri fiye da ɗaya, don waya tana faɗawa ruwa, tana ɓata, ana sace ta. Hajiya ta ce ba a ga mutanen bakin ruwa a hotunan jiya ba. In ba a gan su a na gobe ba, wannan karon ba laifin Kaduna ba ne.

Baba, muna fata gardama ta ƙare a gidanka. Ka gaya wa mai cewa zamanin babu talauci cewa ranar biki ya gani, ba a kuwa auna arzikin gari da ranar sallah. Ka gaya wa mai cewa ƙarya ce cewa kakansa na iya kasancewa a cikin ƙurar nan. In kun zauna kun duba, ka sa a rubuto mana abin da kuka gani, za mu karanta wa jama'a.

Jama'a, a nan za mu dasa aya. Mai tambaya a kan noma, ko kasuwa, ko tarihi, ya aiko da wasiƙarsa, ya rubuta sunan garinsu da kyau. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu. Ku huta lafiya.